Ranar Da Lambobina Suka Fito

Shekarun baya, ba a jima da komawa mulkin farar hula ba, ina Agege ina taya kawuna tsintar goro. Burina a duniya guda ɗaya ne: keken ɗinki na hannu, irin wanda ake saɓawa a kafaɗa ana zaga unguwa. Na ga wani na gwanjo a Oshodi, naira dubu biyar da ɗari biyar. Duk sanda na bi ta wajen sai na tsaya na shafa shi kamar angon da aka hana amarya.

Sai shaiɗan ya nuna min gajeriyar hanya, wato cacar lamba. Ka zaɓi biyu cikin casa'in, ka sa naira ashirin, in sun fito ka kwashi dubu huɗu da ɗari takwas. Na ce ai biyu kacal ne, ko makaho ya laluba ya samu. Matsalar dai, rumfar cacar tana kallon rumfar kawuna. In ya gan ni a can, kashina ya bushe.

Sai na nemi abokina, wani ɗan Nijar mai gadi a Ikeja, wanda ya girme ni nesa ba kusa ba. Kullum da safe in ya sauka daga aiki, in damƙa masa ashirin ya buga min a can inda ba a san ni ba. Lambobina ba sa canzawa: sha bakwai da sittin da biyu, na jikin danfo, motar hayar da na fara hawa a Legas. Har na gargaɗe shi kada ya kuskura ya kawo min takardar, kar kawu ya gan ta a aljihuna. Ya dube ni ya ce, "To, ƙanena, yadda kac ce." Kun ji dabarar mai wayo.

Wata goma muna haka. Ran nan da hantsi ina wucewa, na saci kallon allon rumfar, sai ga lambobina biyu da farin alli. Takalmina ɗaya a hanya na bar shi. Na faɗa ɗakinsa ina haki.

"Yaya, mun ci! Ina takardar?"

Ya ajiye kofin shayinsa. "Wace? Ni ban taɓa sayen tike ba, ko sau guda."

Wallahi duniya ta juya min. Na faɗa masa maganganun da har yau ina jin kunyarsu, har ɓarawo na kira shi. Na yi ta zuba har na gaji don kaina. Sannan ya jawo wani babban gwangwanin madara daga ƙarƙashin gado, ya zazzage a tabarma.

"Ga kuɗɗinka. Hannuna bai iya kai su wurin caca. Ƙirga, kada ka ce na ci maka."

Na ƙirga. Dubu shida ne har da 'yan kai. Na sake ƙirgawa, don na kasa yarda. Ashe ko a ranar da sa'a ta zo min, abin da na zuba ya fi abin da zan kwasa, kuma cin ma ba zai kai kuɗin keken ba. Na sunkuyar da kai ina hawaye, shi kuwa dariya yake yi.

"Tashi mu tai Oshodi tun wani bai riga ka ba. Amma nemo takalminka tukuna."

Yanzu shagona yana da kekuna bakwai, amma tsohon keken nan yana saman kanta, ba na sayarwa ba ne. Abin da na koya shi ne, ashirin ɗin da nake rainawa ita ce arzikin nawa, ni kuma kullum ina ƙoƙarin kai wa wani. Abokin nan ya koma gida tuntuni. Ɗinkin farko da na yi da keken, aljihun rigarsa ne da ya yage. Da na gama ya miƙo min naira ashirin, ya ce, "Wagga kuma, kai za ka ajiye ta da kanka."