Taliyar Mai Ganye

Allah ya jiƙan Mai Ganye, mai gyaran takalma, mutum mai sanyin hali. A gidan mahauta aka haife shi, amma tun ranar da aka sa shi riƙe ƙafar maraƙi ana yankawa, bai ƙara kai nama baki ba, har madara da ƙwai ya bari. Taliya ce abincinsa. Idan zafi ya shigo kayan lambu suka nuna, sai ya gasa tumatir da tattasai da yalo, ya soya tafarnuwa, ya zuba ɗan ruwan taliyar don miyar ta kama jikinta.

Da ciwo ya kwantar da shi, sai ga yayansa, wanda bai taɓa taka shagonsa ba, ya iso da tumbinsa da iyayinsa. Ya sa tasa matar ta dafa taliyar, ta tsiyaya romon ƙashi a ɓoye.

Mai Ganye ya shinshina, ya ture kwanon.

"Yaya, ina bakin kabari ma sai kun yi mini wayo?"

"Kai dai ci, ɗan akuya! Ciyawar nan ce ta kayar da kai."

Wai shi ne likita, mutumin da ɗaura takalmi ke sa shi haki.

Bawan Allah ya bi bango har kicin, ya zauna, ya yanka tumatir, ya dafa taliyarsa da kansa. Loma kaɗan ya iya ci, abincinsa na ƙarshe ke nan, amma nasa ne. Yayan kuwa ya share wancan kwanon tas, har da suɗe yatsu.