Injin Safiya a Bakin Tur'a

A shekarar da na shiga aji biyar, wata Alhamis da la'asar cikin kwanakin tsintar auduga, na dawo daga gona na tarar babu yaro ko ɗaya a ƙofar gidanmu. Abin ya ba ni mamaki, domin ni ce mai raba wasa a unguwar, ni ke cewa yau carafke za a yi ko ɓuya, kuma ba a farawa sai na iso. Na bi hayaniyarsu har bakin tur'a, wato babbar hanyar ruwan da ke shayar da gonakin ƙauyenmu kusa da Wad Haddad. Can na same su sun kewaye wani mataccen injin ban ruwa da ya yi tsatsa tun kafin a haife ni. Safiya na zaune a kansa, ta riƙe ƙarfen da ake murɗawa a tayar da shi, kowa ya rufe ido.

Safiya 'yar baffana ce. Wata uku ke nan da aka kawo ta gidanmu daga Hasahisa bayan rasuwar mahaifiyarta. Larabcinta ya fi Hausarta, kisra kuwa, siririyar wainar dawar da muke ci, in ta shafa a kasko sai ta fito da kauri kamar fanke, kuma tsoron jaki take ji. Na ɗauka ni zan riƙa jan ta a komai. Sai ga shi ta gaya wa yara cewa wannan ƙarfen injin wani jirgi ne da ya faɗo daga wata duniya can bayan taurari, inda mutane ke adana kwanakin da suka wuce a rumbu kamar dawa. Jirgin ba ya zuwa gari, kwanaki yake bi. Ba ya shan mai, tsofaffin abubuwa ake zuba masa a tanki, kuma gwargwadon tsufan abin gwargwadon nisan da zai iya kaiwa. Murɗa ɗaya, kwana ɗaya baya. Wanda ya buɗe ido a hanya zai faɗa cikin ranar da ba tasa ba.

Yara suka yi ta kawo maɓallai, tsohon makulli, guntun allo. Ni na tsaya nesa ina cewa ƙarya ce, amma kunnena na can. Abin da ya fi ci mini rai shi ne labarin ya yi daɗi, kuma ni da na wuce injin nan sau ɗari da tulu a ka ban taɓa ganin komai a cikinsa ba sai mazaunin ƙadangaru.

Da a yara abin ya tsaya, da na daure. Amma kakarmu, wadda muke kira Haboba, ta ji labari. Tana da wani tsohon mazari na kaɗi da mahaifiyarta ta taho da shi daga Sakkwato a ƙafa, na sha roƙonta ko riƙewa ta bar ni in yi, ta ƙi. Ina tankaɗe a tsakar gida na ga ta kwance shi daga tsumma ta miƙa wa Safiya. "Amshi, ɗiyata," in ji ta. "Saka mishi wanga, mu gani ko shi kai ni gida."

Washegari da azahar, kowa na kwance a inuwa, na tafi bakin tur'a. Na zare ƙarfen murɗawar, yana ƙona mini tafin hannu, na jefa shi tsakiyar ruwa. Na ciro mazarin daga tankin don in ɓoye, sai na ga an naɗe shi da guntun mayafi mai ƙamshin turaren wuta, irin na matan birni, na gane na mahaifiyar Safiya ne. Na mayar da su yadda suke na gudu.

Da la'asar na bi yara don in ga fuskarta. Ta duba ƙasa, ta duba cikin ciyawa, ba ta tuhumi kowa ba. Sai ta je gefen injin inda ta yi zane-zane da gawayi, layi bayan layi, kowane layi murɗa ɗaya, ta ƙirga su da yatsa. "Saura kwana tara kawai," ta ce, "da mun tarar da Ummi a tsakar gida." Har yau ban sani ba ko ta yarda da injin ko kuwa ƙirgar ce take so.

Zan so in ce daga nan zuciyata ta yi sanyi, amma ba haka aka yi ba. Na ji kunya kwana biyu. A rana ta uku Safiya ta ce injin ya koyi tashi da waƙa, yara suka koma, Haboba kuma ta mayar da shimfiɗar Safiya ɗakinta. Kishin ya dawo mini sabo, ya haɗu da sanin abin da na aikata.

Yanzu an kwashe injin, yaran ƙauyen kuma waya suke kewayewa, yawancinsu Larabci ne a bakinsu. Safiya na Managil da 'ya'ya biyar. Bara na kira ta, na tattara ƙarfin hali na faɗa mata ni ce na jefar da ƙarfen. Ina jin ƙarar tukunya a bayanta, ta ce, "Wane inji kuma, 'yar uwa?" Na bayyana mata komai, rumbun kwanaki da mazarin Haboba, ta yi dariya ta ce lallai an yi yarinta, amma ita kam ba ta tuna ba. Na ajiye wayar na daɗe zaune. Ita ta ƙirƙiro abin ta wuce abinta, ni ce na rage da shi, kuma ko wannan mantuwar tata na yi mata kishi.