Mintin Shirun Gunvor

Kullum Gunvor Aldén ce ke riga mu shiga mota, sandar makirufo a cinya, gorar gahawa a gefe. Shekara talatin da ɗaya tana ɗaukar sautin shirye-shiryenmu na talabijin. Ni ne mai gabatarwa, fuskata ake gani. Sunanta kuwa sai a ƙarshe yake wucewa da gudu, lokacin da jama'a suka tashi wanke kofuna.

In an gama hira takan ɗaga yatsa: "Minti ɗaya, kowa ya yi shiru." Wai kowane ɗaki da irin shirunsa, kuma za a neme shi wajen haɗa shirin.

"Gunvor, shirun ma sai mun kai shi Stockholm?" nakan ce.

"Naka ne dai ban taɓa samu ba, Rutger."

Shekara goma sha biyu da suka wuce, a can arewacin ƙasar muka yi hira da Torvald, tsohon mahaƙin ƙarfe da za a rushe gidansa. Awa biyu yana ba ni labarin dusar ƙanƙara. Na gaji, na fita zaure neman takalmana. Gunvor ta ɗaga yatsa, mai kyamara bai kashe ba. Cikin shirun nan tsohon ya dubi bangon kicin, inda marigayiyar matarsa ta riƙa zana tsayin yaransu da fensir, ya ce: "Wannan fa, wa zai ɗauke min shi?"

Maganar nan ce ta jawo lambar yabo. Ni na hau dandamali na karɓa, har da jawabi a kan muhimmancin haƙuri. Gunvor ta tafa. Mai kyamara ya dubi silin.

Ranar Juma'ar da ta wuce ta yi ritaya. Wajen shan gahawar ban kwana aka ce in yi magana, sai na yaba mata cewa ba ta makara. Yankin kek ɗaya ya rage, ta raba biyu, ta turo min rabi.

"Ka samu takalman kuwa ranar nan?" ta tambaye ni a hankali.

Gunvor, ke ce kika ji Torvald. Ni ina zaure ina fama da igiyar takalmi. Na ajiye miki lambar a ƙofar gidanki tun safe, ƙwanƙwasawar ce ta gagare ni. Na gode. Ku masu shigowa aikin nan, ku koyi ɗaga yatsa irin nata. Ni kuma ga mintinki, bayan shekara goma sha biyu. Na yi shiru.