Awon Bakin Baba

Shekarar da haƙoran gaban Baba suka zube, rashin tauna goro bai dame shi ba, don yana da magogi. Sallah ce ta dame shi. Shi ke limanci a ɗan masallacin ƙofar gidanmu a Zandam, sai ya zama duk inda harafin sinun ya zo a karatu, fito ne ke fita ta giɓin. Ran nan wani a sahun baya ya kasa riƙe dariya.  Washegari Baba ya tura ƙaninsa gaba, shi ya koma sahu. Abin ya yi mini ciwo ƙwarai.

Da ƙyar na lallashe shi muka hau babur zuwa Gwaram, daga nan mota sai asibitin Birnin Kudu.

Likitar haƙori ta ce sai an ɗauki awon baki kafin a yi masa na roba. Ta zuba wani gari a ƙoƙo, ta dama da ruwa har ya yi kauri kamar ƙullun ɗanwake, ta cika wani lanƙwasasshen ƙarfe da shi, ta sa masa a baki.

"Baba, kada ka motsa baki har sai ya sandare."

"To, 'yata."

Da ta ciro, awon duk ya dagule. Aka sake, haka dai. Ta dube ni ta ce, "Wai taunawa yake yi ne?"

Nan na gano. Tun tasowata ban taɓa ganin leɓen Baba a tsaye ba. Ko noma yake, ko jiran mota, salati yake ja ƙasa-ƙasa, shi kansa bai san yana yi ba.

"Ni fa shiru na yi," in ji Baba, ga ƙullu kaca-kaca a gemu.

Da na yi mata bayani, ta yi dariya har da ƙwalla. Sai ta ce ya fito da carbinsa.

"Yatsu su yi aikin, Baba, baki ya ɗan huta."

Haka kuwa aka yi. Carbi na gudu, awo ya fito sumul.

Ranar da aka sa masa haƙoran, ana tayar da iƙamar Magariba ƙaninsa ya ja da baya. Baba ya shiga gaba. Ya karanta Fatiha tar, babu fito ko ɗaya. Wannan karon ni ne na kasa riƙe kaina a sahun baya, amma ba dariya ba ce.