Ranar da na ƙirga shanun Baba

Shekarun baya, ba a daɗe da ba mu jihar Taraba ba, ina aji biyu na sakandare, ina zaune gidan kawuna a unguwar Barade. Lissafi kaɗai na iya, shi ne kuma ya ci ni.

A zangon nan malaminmu ya koya mana yadda ake gano asalin abu daga ragowarsa. In ka san abin da ya rage da kashinsa cikin ɗari, ka raba, ka ninka, asali ya fito. Na ɗauka na zama boka.

Da hutu na koma rugarmu bayan Iware, na tarar ciwon huhu ya share garken mahaifina. Baƙi sun zo jaje, suna zaune da shi a gindin tsamiya, yana ce musu, "Cikin kowace huɗu, ɗaya Allah ya bar mini."

Bafulatani ba ya faɗin yawan shanunsa. Da suna da launi ya san su. Na san haka sarai, amma boko na cina. Na leƙa garke, goma. Kashi ashirin da biyar cikin ɗari ke nan. Na dawo ina washe baki.

"Baba, ashe arba'in ne da. Talatin suka mutu."

Wani tsoho ya kau da kai.

Baba ya ce, "Wa ya faɗa maka?"

"Lissafi ne, Baba."

"To, lissafin ya faɗa maka sunayensu?"

Kafin hutu ya ƙare, jar saniyar da ake tatsa mana ta kwanta, ba ta tashi ba. Aka ce bakina ne. Mahaifiyata ta roƙa a bar ni in koma makaranta, kawuna ya hau babur ya zo ya roƙa. Baba ya ce, "Karatun da ke ƙirga gawa a gaban baƙi ya isa haka." Ya miƙo mini sandar kiwo.

Yau facin taya nake yi a bakin titi, waɗanda nake ba satar amsa suna wucewa cikin mota. Ba zan ce na huce ba. Amma in an ce in zaɓa, ba ajin zan koma ba. Gindin tsamiyar nan zan koma, in ja bakina in yi shiru, Baba ya kira mini sunayen shanun ɗaya bayan ɗaya. Ya rasu ban san sunan ko guda cikin talatin ɗin ba.