Mutumin Da Ya Ƙirga Numfashina

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, tara ga watan Yuli, da hantsi, ina tsaye a ɗakin gabatar da shiri, saura minti biyar a kunna mini jar fitila, sai mai ɗakinka, Malam, wadda duk muke kira Inna, ta bugo waya. Abin da ta ce kawai shi ne, "Malam ya cika." Wayar tana kunnena har injiniya ya ƙwanƙwasa gilashi yana nuna mini agogo. Ban san abin da na karanta wa jama'a ba a ranar.

Malam, shekara ashirin da takwas ka yi a hukumar leƙen asiri, abokan aikinka suna kiranka Mai Kunne. Aikinka saurare ne. Wani ɗaki ne marar taga, tebur da kujera da na'ura a kunne, ana turo maka wayoyin mutanen da aka sa wa ido, kana mayar da maganarsu rubutu. Ni ɗan jarida ne a gidan rediyo, mai tsawon baki, saboda haka shekara uku cur wayata tana kan teburinka. Ka ji faɗana da matata, ka ji ranar da likita ya gaya mini ciwon mahaifiyata, ka ji kukan da na yi bayan nan. Ban san da zamanka a duniya ba.

Kana da wata ɗabi'a tun zamanin kaset. Duk inda mai magana ya ja numfashi, sai ka ɗiga ɗan karan layi da fensir a kan takardar, don ka gane wurin in za ka mayar da kaset baya. Kaset ya wuce, kwamfuta ta zo tana rubuta magana da kanta, amma ba ka ajiye fensirinka ba. Matasan ofis suna yi maka dariya, wai tsoho yana ƙirga iska.

Shekara shida ke nan da aka wayi gari da wata murya tana yawo a wayoyin mutane. Muryata ce sak, ko matata sai da ta dafe ƙirji. An ce wayar sirri ce da na yi da wasu, ina tsara yadda za a cinna wa kasuwa wuta a ɗora wa wata al'umma laifin. Kafin azahar ta karaɗe gari, kafin la'asar an zo an tafi da ni. Abin da ya rage kafin a kai ni gaban alƙali shi ne sa hannun ƙwararre, ya tabbatar cewa muryar tawa ce. Aka ajiye maka takardar.

Ka sa na'urarka, ka ɗauki fensir, ka saurari minti huɗu, fensir bai taɓa takarda ba. Ni kuwa mai ciwon asma ne, ba na haɗa kalma goma ban ja numfashi ba, da ɗan fito a ciki. Waɗanda suka ƙera muryar sun koya wa na'urarsu magana ne da shirye-shiryena na rediyo, ba su san cewa editanmu yana yanke kowane numfashi nawa kafin a watsa ba. Sun kwaikwayi mutumin da ke cikin akwatin rediyo, kai kuma mutumin da ke kan waya ka sani. Aka lallashe ka, aka tuna maka cewa saura shekara biyu ka yi ritaya da mutuncinka. Ka ƙi. Rahotonka ya shiga fayil, lauyana ya matsa sai da aka fito da shi, babu suna a jiki sai lambar ma'aikaci, da layukan fensir a kan wayoyina na gaskiya da ka haɗa don kwatantawa. Kwana goma sha tara na yi a tsare, aka sallame ni.

Ni na fito, kai ka shiga. Cikin mako guda hotonka ya cika shafukan sada zumunta, ɗaruruwan shafuka marasa fuska suna maimaita magana ɗaya, har kuskuren rubutunsu iri ɗaya: wai an kama ka kana sayar wa ƙasashen waje sirrin ƙasa. Ba a kai ka kotu ba, don babu abin da za a kai. Ritayar dole aka yi maka, aka bar sauran aikin ga bakin mutane. Ni kaina na ga hoton, na yi tsaki na wuce, ban san fuskar wanda ya cece ni nake kallo ba. Wannan tsakin yana cina har yau.

Bayan shekara guda muka haɗu a bencin asibiti, ina jiran maganina, kana jiran a gwada maka jini. Ko ɗago kai ba ka yi ba ka ce, "Kai ne na gidan rediyo. Numfashinka na gane." Na yi murmushi irin wanda ake yi wa masu sauraro, sai murmushin ya tsaya mini a fuska, domin babu mai sauraron rediyon da ya taɓa jin numfashina. Na dube ka, na dubi katin asibitin da ke hannunka, gefensa cike da ƙananan layukan fensir irin na rahoton nan.

Ba zan ɓoye ba, fushi ne ya fara zuwa kafin godiya. Na ce, "Ashe kai ne ka zauna a cikin gidana shekara uku ba sallama?" Ka ce, "Ban ce ni ne ba, ban kuma musa ba. Amma in akwai haƙƙinka a wuyana, ka yafe mini." Sai ka tambayi mahaifiyata, ka ce, "Yaya jikin Hajiya? Gwiwar ta lafa?" Na rasa dariya zan yi ko kuka.

Tun daga nan gidanka ya zama gidana. Duk wanda ya zo hira sai ya jefa wayarsa cikin wata tsohuwar tukunya a bakin ƙofa, a rufe da murfi, don kada a saurari hirar. Inna tana cewa ita kaɗai ce matar da ake dafa waya a gidanta. Matan unguwa suna kawo maka saƙonnin da aka turo musu, wai an sa guba a rijiya, wai ana satar yara a makaranta, kana zaunar da su kana nuna musu yadda ake bin sawun labari kafin a tura shi gaba. Kai ka koya wa ma'aikatanmu tantance murya, ba ka taɓa yarda a ambaci sunanka ba. Bayan ritaya ka kama gyaran rediyo, kuma wasu daga cikin masu kawo maka gyara su ne masu zunɗenka in ka juya baya. Ka sani, kana gyara musu.

Sau uku ina roƙonka ka bar ni in faɗa wa duniya. Ka ce ka yi rantsuwar riƙe sirri, kuma manyan 'ya'yanka biyu aikin gwamnati suke yi, ba za ka ja musu ba. "In na mutu bakinka naka ne," haka ka ce. Abin da ya fi yi maka ciwo ba ka taɓa furta shi ba, amma na gani. Auta, 'yarka ta ƙarshe, tana jami'a lokacin da abin ya faru. Tsangwama ta ishe ta, ta cire sunanka daga bayan nata a shafinta, ta rage zuwa gida. In ta kira Inna, kana zama kusa ka sunkuyar da kai, ba ka neman a ba ka wayar. Mutumin da ya rayu yana sauraren baƙi ya koma satar jin muryar 'yarsa.

A wurin zaman makoki Auta ta same ni a bakin ƙofa, kusa da tukunyar nan, idonta ya kumbura. Ta ce, "Kawu, don Allah kada ka rufe ni. Abin da aka faɗa a kan Baba, gaskiya ne?" Mutane sun yi yawa, masu gaisuwa suka shiga tsakaninmu kafin in amsa.

To ga amsarki, Auta, a gaban kowa. Mahaifinki bai sayar da komai ba. An nemi ya sayar da ni, ya ƙi, ya biya da sunansa. Kwafin rahoton yana hannuna, shafi huɗu. Uku na wayoyina ne na gaskiya, cike da layukan fensirinsa. Na huɗun fari fat, sai jimla biyu a ƙasa da rubutun da kika fi ni sani: "Wannan muryar ba ta numfashi. Ba zan sa hannu ba." Ki zo ki karɓa, naki ne.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Inna, da 'ya'ya da jikoki, da maƙwabta, da tsofaffin abokan aikinsa waɗanda suka san gaskiya suka kasa faɗa. Allah ya ba mu haƙurin rashi.

Malam, na yafe maka duniya da lahira, kai ma ka yafe mini tsakina. Shekara uku kana ƙirga numfashina, ni ban samu zuwa na ji naka na ƙarshe ba. Allah ya jiƙanka, ya haskaka kabarinka, ya sa Aljanna Firdausi ce makomarka. Yadda ka ƙi yi wa bawansa shaidar zur, Allah ya suturta ka ranar da za a buɗe fayil ɗin kowa. Amin.