Gwaggo Laraba da Kamfanin Mai-Jimina

Gwaggo Laraba ba ta da kyau, ba ta da haƙuri, kuma ba ta taɓa wahalar da kanta wajen nuna tana da su ba. Gajeruwa ce mai faɗin kafaɗa, lofe kullum a bakinta. Bamagujiya ce, a wata unguwa gabas da Tsiga inda aka tura ni koyarwa bayan samun mulkin kai. A wurinta nake sayen zare da gujiya, zagi kuwa kyauta take haɗa mini.

A lokacin auduga ce ke riƙe da ƙasar nan tun daga Funtua har Malumfashi. Kamfanin da ke saye a kasuwarmu na Turawa ne. Sunansa dogo ne, ba mai iya faɗi, sai mutane suka dubi hoton da ke jikin motocinsa suka sa masa Kamfanin Mai-Jimina. Yana da rassa a ƙasashen da a taswira kawai na san su. Shi ke sayen audugar manomi, shi kuma ke da kantin da manomin zai shiga ya sayi atamfa da sabulu da kananzir kafin ya koma gida. Kuɗin kan fito ta wannan taga su koma ta waccan, ba su ma san hanyar ƙauye ba. Wakilin kamfanin a wajenmu shi ne Alhaji Maikuɗi, mutum mai fara'a da tumbi, wanda ya fi kowa sanin inda ake dafa yatsa a jikin sikeli.

Doka kam akwai ta, kuma an ce ta hau kan kowa. Manomi ba zai shuka wani iri ba sai wanda ake rabowa daga injin gurza, kuma in ya gama tsinka dole ya tumɓuke itacen ya ƙone saboda tsutsa. Shi ma kamfani dole a duba sikelinsa, a share ma'ajiyarsa, a ƙone ragowar anguryar da ta kwana. Dokar ba ta wauta ba ce, tsutsar gaskiya ce. Sai dai ido ɗaya gare ta. Ban taɓa jin ma'aikacin gwamnati ya wuce shingen wayar gidan kamfani ba sai in shayi aka kira shi sha.

Abin da ya haɗa Gwaggo da wannan doka yana bayan ɗakinta: 'yan itatuwan auduga ta gargajiya, wadda ba ta mutuwa da rani, tana shekara da shekaru kamar ƙaramar bishiya. Uwarta ce ta zo da irin daga garinsu. Gashin audugar gajere ne, injin Bature ba ya son ta, amma a mazari ba ta da na biyu. Gwaggo ta riga ta yi rantsuwa a gaban kowa cewa ranar da ta mutu ba za a naɗe ta da alawayyon kanti ba, da wannan audugar za a saƙa mata mayafin tafiya. Tana kaɗi tana sayarwa, tana ware wani zaren tana tarawa a tulu. Matan unguwa kuma suna karɓar iri a hannunta. Nan ne abin ya taɓa Alhaji Maikuɗi, don audugar da ta hau mazari ba ta hawa sikeli.

Aka turo malamin gona, wani saurayi mai suna Lawal, da keke da gajeren wando da doguwar safa. Ina tsakar gidan ranar, na zo karɓar zare.

"Sannu da gida, Gwaggo."

"Wa ya haife ka da zan zama gwaggonka?"

"To, Inna."

"Wannan ma ƙarya ce. Faɗi abin da ya kawo ka, rana na yi."

Ya gyara murya ya fara bayanin tsutsa. Yana tsakiyar bayanin sai Lauratu ta fito da ƙwaryar ruwa. Ɗiyar ƙanen Gwaggo ce, uban ya musulunta ya koma cikin gari, ita kuwa a hannun Gwaggo ta tashi. Budurwa ce cikakkiya, ta riga ta kori masu nema da yawa da bakinta. Lawal ya karɓi ruwa ya sha, ya manta inda ya tsaya, ya sake ɗauko tsutsa daga farko. Gwaggo ta cire lofe daga baki ta dube shi, ta dubi Lauratu, ta mayar da lofe.

"Malam, maganar nan taka tana da zurfi, kaina bai ɗauka ba. Ka dawo jibi ka sake mini."

Ya dawo jibi. Ya dawo gata. Kafin wata ya ƙare ya daina zuwa da gajeren wando, babbar riga yake arowa. Kada a ce an yi wa yarinya dole: Lauratu ce da kanta ta ce in ba mai keken nan ba, a bar ta ta tsufa a gida. Gwaggo dai hanya ta share.

Wanda bai zauna da Maguzawan wajen nan ba, ba zai gane tarkon ba. A wurinsu mai neman aure ba baki kawai yake kawowa ba. Da damina sai ya tara abokansa su zo gayya gonar surukai, su yi noma har a ce ya isa. Kuma surukuwa ba abokiyar magana ba ce. Takalmi ake cirewa tun daga nesa, a durƙusa, a kafa ido a ƙasa. Abin da ta ce shi ke nan. Ranar gayya Lawal ya zo da samari, rabinsu ma'aikatan gona ne irinsa. Suka gama da gonar dawa, suna shirin ajiye garma, sai Gwaggo ta aiko daga cikin gida cewa akwai ɗan wuri a bayan ɗaki da ciyawa ta ci.

Haka malamin da aka aiko ya tumɓuke audugar ya durƙusa a gindinta yana cire mata haki da hannu. Har taki ya sa aka zuba. Da wani abokinsa ya raɗa masa cewa ai wannan ce aka hana, sai ya ce, "Kai, yi aikinka, ni ban ga komai ba sai ƙasa." Gaskiya ya faɗa, tunda bai isa ya ɗaga kai a gidan ba.

Aka yi biki. Audugar ta ƙara shekara, ta yi kyan da ba ta taɓa yi ba. Duk lokacin da aka tambayi Lawal a ofis, sai ya ce ana nan ana lallashi.

Alhaji Maikuɗi ba ya cikin masu jin kunyar Gwaggo. Ya tare ta a kasuwa, gaban rumfar sikeli.

"Laraba, an ce kin sayi malamin gwamnati da ɗiya."

"Ai ya yi araha, Alhaji. Kai da shayi kake sayen naka, kullum sai ka sake sabon zubi."

Masu jiran awo suka fashe da dariya, shi ma ya taya su, don ba ya fushi a gaban jama'a. Amma da yamma yana gidan hakimi. Ya ce manajan kamfani ya ga auduga mai gajeren gashi a cikin buhuna, ya ce in ba a gyara ba kamfani zai ɗauke sikelinsa ya kai wata kasuwa. Hakimin da aka ɗauke wa kasuwar auduga kuwa ya san abin da zai tarar wajen tara haraji. Da bazara sai ga dogarai da gatari, Alhaji na biye, Lawal a can baya kamar wanda za a kai asibiti.

Unguwa ta taru don kallon faɗa. An san Gwaggo ta taɓa bin mai karɓar jangali da taɓarya. Amma sai ta fito da kujera 'yar tsugunno ta zauna ta kunna lofe. Aka miƙa wa Lawal gatari, ya riƙe shi yana kallon yatsun ƙafarsa, har wani dogari ya ji tausayi ya karɓa.

"Ku tono saiwar da kyau," in ji Gwaggo. "Kada ku yi mini aikin gwamnati."

Ta sa aka kawo musu fura. Da wuta ta kama, sai ta juya wajen Alhaji.

"Alhaji, wannan dokar taku, ko'ina take shiga?"

"Ko'ina, Laraba. Ba babba ba yaro."

"Har gidan Bature can Funtua?"

Ya yi dariya har tumbinsa na rawa. "Ke tsohuwa, wa zai shiga gidan kamfani da gatari?"

"To. Tambaya ce dai."

Na ɗauka ta karaya. Kowa ma haka ya ɗauka, don mun manta da mijinta. Mantawa da Mati ba wuya, mutum ne da zai wuni a wuri ba a san yana nan ba. Ya daɗe yana aikin lambu a gidan manajan kamfanin a Funtua, sai ƙarshen wata yake leƙo gida. A wannan ƙarshen watan ya koma da ƙullin anguryar audugar Gwaggo a cikin hula. Da ruwa ya sauka ya jera ta a jikin waya daga ciki, kusa da famfo, tsakanin furannin matar manaja.

Audugar gargajiya tana da fure mai kyau, rawaya mai jan ciki. Matar manaja ta gani ta tambayi Mati sunansa. Ya ce furen daji ne. Ta ce a riƙa ba shi ruwa safe da yamma, rani da damina, kuma kada a bar akuya ta matso. Da ƙwallon ya fashe fari ya bayyana, ta ce wannan ɓata mata lambu yake yi, a tsince a zubar. Mati ya ce to. Yana tsincewa, yana zubarwa a cikin buhu, buhun kuma yana hawa motar kasuwa zuwa Tsiga. Albashi ake biyansa yana tsinkar audugar matarsa.

Lawal ya hango ta ta cikin waya wata rana da ya je Funtua, ya ƙara wa kekensa wuta. Alhaji Maikuɗi kuwa, ranar da ya je gidan manaja, ya gane ta tun daga bakin ƙofa, don ɗan manomi ne. Kukun gidan ne ya ba da labarin yadda aka yi. Ya ce Alhaji ya cire hula ya sosa kai ya ce, "Ranka ya daɗe, wannan fa auduga ce. Irin wadda aka hana." Manaja ya leƙa ta taga, ya dubi matarsa, matar ta dube shi. Sai ya ce dokar ta gonaki ce, nan kuwa lambu ne, kuma a cikin wayar kamfani yake. Alhaji ya mayar da hula ya ce lalle haka ne.

Mako na zagayowa ya haɗu da Gwaggo a kasuwa. Wannan karon ita ta fara.

"Alhaji, ya furanni?"

"Allah ya shirye ki, Laraba."

"Ka gaishe mini da matar Bature. Ka ce ta rage ruwa kaɗan, yana sa ganye ya fi 'ya'ya."

Kada a ɗauka ta kayar da kamfani. Farashin auduga bai motsa ba saboda ita, yatsan Alhaji bai bar jikin sikeli ba, kuma matan da aka ƙone wa nasu ba su da miji a gidan manaja. Kafin a yi nisa yadin masaƙa ya cika kasuwa, zaren hannu ya rasa masu saye. Lauratu kanta atamfar Mai-Jimina take ɗaurawa, kuma tana yi mata kyau. Alhaji ya gina bene a Funtua. Gwaggo ta mutu a ɗakin da aka kawo ta amarya, jinkar ma na zuba.

Amma tulun ya cika tun tana da ƙarfinta. Ta kai wa wani tsohon masaƙi a Malumfashi, ta zauna a kansa har ya gama, tana kushe aikin daga fari har ƙarshe. Ta naɗe mayafin ta rataye a rufin ɗaki, duk baƙon da ya zo sai ta sa an sauko da shi ya taɓa. Ranar da ta rasu Lawal ne ya hau ya kwance igiyar, furfura a kansa, takalminsa a ƙofar gida.

Ta sha gaya mini cewa tun da ta san Kamfanin Mai-Jimina abu ɗaya ya taɓa ba ta kyauta, shi ne ruwan famfo, shi ma bai san ya bayar ba.